Sojojin Shebur

Osmer, Jojiya,
14 ga Maris, 1994.

Zuwa ga abokina Kofur Cleophus Tarver,

Gaisuwa mai yawa da fatan alheri. Ina fata wannan takarda za ta same ka lafiya, kai da Mozelle da 'ya'ya da jikoki. Yaya gwiwa? Yaya sanyin Detroit, ya sake ku, ko har yanzu kana ƙudundune a bargo gaban talabijin? Mu nan lafiya lau, mun gode wa Ubangiji. Uwargida Ardella tana gaishe ku. Ta ce in gaya maka hoton Kirsimeti da ka aiko ya nuna ka fara cin abincin mutum biyu.

Ga abin da ya sa na ɗauki biro. Ka tuna dutsen nan na gaban kotu, wanda aka kafa shekarar da ka bar gari? Sunayen mutanen gundumar nan ne da suka je yaƙin duniya na biyu, ɗari biyu da goma sha biyu, da tauraro a gefen waɗanda ba su dawo ba. Na san adadin domin ni aka ɗauka na gyara gindinsa da siminti lokacin da ya tsage a 1971, kwana uku ina durƙushe a gabansu. Babu sunan baƙar fata ko ɗaya a jiki, kamar yadda ka sani.

To, yanzu an ce za a gyara. Bana shekara hamsin da saukarmu Faransa, kowa ya tashi neman tsofaffin sojoji. Vernell Askew, 'yar marigayi Fasto Askew, ita ce kansilarmu yanzu, ta kuma tsaya kai da fata a majalisa sai an sa sunayenmu. Wasu suka ce dutsen ya cika, babu wuri. Ta ce to a kafa wani. An amince, za a tsayar da sabo kusa da tsohon, a buɗe shi ƙarshen Mayu, ranar tunawa da sojoji.

Ranar Talata ta zo gida da littafi da rikoda. Ta zauna ta gyara tabarau, ta ce, "Baba Lemuel, a me ka yi? Tankar yaƙi ko igwa?"

Na ce, "Shebur."

Ta yi dariya, ta ɗauka wasa nake. Ardella ta ɗaga murya daga kicin ta ce, "Ba wasa yake ba, 'yata. Shebur da diga."

Sai da na yi mata bayani tun daga farko. Na ce a lokacin ba a yarda baƙar fata zai iya riƙe bindiga ya tsaya ba, kaɗan ne daga cikinmu aka bari suka shiga fagen daga. Sauranmu mu ne masu sauke kaya daga jiragen ruwa, masu tuƙa manyan motoci, masu gyaran hanya, masu girki. Kamfaninmu kuwa kaburbura aka ba shi. Na ba ta labarin gonar tuffa da aka mayar maƙabarta, da yadda motoci ke zuwa tun safe a cike, mu sauke, mu jera, a duba ƙarfen suna da ke wuyan kowa, mu naɗe mutum a farar rigar katifa, mu binne. Daga Yuni har Nuwamba ba mu yi wani aiki ba sai wannan.

Tana rubutawa, amma na ga biron ya rage gudu. Ta tambaye ni ko an ba ni lambar yabo. Na ce an ba ni wadda aka ba kowa. Ta tambaya ko na taɓa harba bindiga. Na ce sau ɗaya, wani kare ne ya addabi wurin. Ban ga laifinta ba. Tana neman wanda za ta tsayar gaban fararen fata ta ce ga jaruminmu, sai ta samu tsohon birkila mai kunne ɗaya.

Yanzu ga inda ka shigo. Takardun hukuma ba su cika ba, da baki muke tara sunaye, daga coci zuwa coci. Mun samu hamsin da takwas, na kuma tabbata mun fi haka. Kai ne mai kan riƙe abu, ko da yake ba ka taɓa amfani da shi wajen komai ba. Ka zauna ka rubuto duk wanda ka tuna. Akwai ɗan gidan Boatwright mai in'ina, wanda kowa ke ce wa Tsuntsu, na manta sunansa na gaskiya. Sai Arzell Mumford, shi tauraro za a sa masa, kuma Vernell tana son rana da wata. Ni dai na san cikin Agusta ne, ranar da ya shiga shinge ɗauko gawa nakiya ta tashi da shi. Ranar ce ta ɓace mini.

Ka gaida Mozelle sosai. Ka riƙa shan maganinka, ka daina gardama da likita.

Naka har kullum,
Lemuel Goodwine.

Osmer, Jojiya,
9 ga Afrilu, 1994.

Kofur,

Bayan gaisuwa da tambayar lafiyarku, takardarka ta iso. Na gode da sunaye bakwai ɗin nan, zagin da ka haɗo da su ma na karɓa. Gaskiyarka, Hosea ne sunan Tsuntsu, kuma goma sha tara ga Agusta ne na Arzell. Na ji an cire wa Mozelle yana a ido, Allah ya ƙara sauƙi. Ka ce mata ta yi haƙuri da abin da za ta fara gani a gidan.

Wani abu ya taso. Vernell ta kai hirarmu jaridar gari, suka buga da hotona, na fito kamar wanda aka kama da satar kaza. A ƙasan hoton suka rubuta cewa na binne sojojin Amurka a Faransa a 1944. Bayan kwana biyu waya ta yi ƙara, Ardella ta ɗauka. Mai jinyar Misis Ouida Strickland ce. Ta ce Misis tana roƙo in zo ta gan ni.

Ka daɗe da barin nan, bari in tuna maka. Ouida 'yar Ledbetter ce mai injin gurzar auduga, yayar Royce, ita ce ta auri Dewey Strickland. Dewey ya mutu shekara tara da suka wuce. Ita ta haura saba'in da biyar, an ce huhu ne ya kwantar da ita. Na san abin da take so tun kafin Ardella ta ajiye waya.

Ranar da aka kawo gawar Royce kana can ɗaya gefen kuna auna ramuka da igiya, ban san me ka riƙe ba. Cikin Yuli ne. Ni da Arzell muke sauke mota. Na juyo wani yaro, na ga jan gashin nan na gidan Ledbetter da wushirya a baki. Na duba ƙarfen wuyansa, shi ne. Ba abokina ba ne, ba maƙiyina ba. Shi ke zama wajen sikeli idan ni da Baba mun kai auduga. Bai taɓa cutarmu a awo ba, bai kuma taɓa gaishe mu ba. Na ce wa Arzell ya bar mini wannan. Na binne shi a layi na shida, kabari na goma sha ɗaya, na haddace lambar, da niyyar idan na dawo gida in je in gaya wa uwarsa. A lokacin ina ganin abu ne mai sauƙi. Ɗan garinku ya mutu a wata ƙasa, kai ka rufe shi, ai sai ka je ka faɗa.

Na sauka tashar mota cikin Fabrairu 1946, na ce zan huta kwana biyu in je gidan, ta ƙofar baya kamar yadda aka saba. Abin da ya biyo baya ka sani, kai ka ɗauko ni daga bakin kwata, kuma shi ya kore ka zuwa Detroit. Amma ban taɓa gaya maka yadda aka fara ba. Su uku ne a ƙofar shagon kayan noma na gefen tasha, ranar da na sauka. Dewey ya ce, "Yaro, yaƙi ya ƙare. Tuɓe kakin nan." Na ce, "Yallaɓai, ba ni da wata riga a nan." Ban faɗi komai ba bayan wannan. Ya shiga shago ya fito da ƙotar gatari. Tun daga ranar kunnena na hagu ya yi shiru.

Ban je gidan Ledbetter ba. A 1948 aka dawo da gawar Royce cikin akwatin ƙarfe a rufe, da tuta a kai, gari duk ya fito. Ina kan tsani a tsallaken titi ina gini, na cire hula har suka wuce, na ci gaba da aikina. Matan da suka yi aiki a gidan sun ce uwar ba ta taɓa yarda ɗanta ne a ciki ba, har ta mutu tana cewa duwatsu aka aiko mata. Na ji wannan, ban ce komai ba. Shekara da shekaru muna haɗuwa da Ouida a gidan waya da banki. Takan ce, "Lemuel." In ce, "Misis." Iyakar maganarmu ke nan.

Ardella ta ce kada in je. Ta ce, "Shekara arba'in da takwas kuna gari ɗaya ba ta taɓa tambayar kunnenka ba. Yanzu da ta hango kabari ta tuna kana da amfani?" Na ce mata ai ba ta san ni na binne shi ba, tambaya kawai za ta yi. Ta ce, "To ta tambayi gwamnati, su suka ɗauke shi."

Ban ce zan je ba, ban ce ba zan je ba. Na shuka gyaɗa a bayan gida makon jiya, ina jiran ruwa. Me ka gani? Ka rubuto da wuri, an ce matar ba ta da lokaci mai yawa.

Ka gaida mutanen gida duka.

Abokinka,
Lemuel.

Osmer, Jojiya,
2 ga Mayu, 1994.

Cleophus,

Ina gaisuwa, ina kuma fatan idon Mozelle ya washe, gwiwarka ta bar ka ka taka. Takardarku ta zo. Ka ce in je in tofa mata yawu in dawo. Mozelle ta ƙara a ƙasa da hannunta cewa in je saboda Allah. Na je, amma ban yi naka ba, ban kuma tabbata na yi nata ba. Na dai ga labarin nan ba nawa ba ne, na ƙaninta ne, kuma ni kaɗai na rage da shi.

Ranar Laraba da hantsi na sa kwat ɗina na coci. Ardella ta goge mini riga. Mai jinyar ta buɗe mini ƙofar gaba. An sauko da gadon Ouida falo, tana kishingiɗe da robar iska a hanci, ta rame sai ido. A bango akwai hoton Royce cikin kaki, kusa da shi na Dewey riƙe da wani ƙaton kifi. Dole na zaɓi kujerar da kunnena na dama zai fuskance ta, ita ce kuma ke kallon hoton Dewey. Haka na zauna.

Ta ce, "Lemuel, ka tsufa."

Na ce, "Ke ma, Misis."

Ta ce ta karanta jarida. Ta san dubbai muka binne, ta san ba lallai ba ne in san komai, amma ko na taɓa jin inda aka sa ƙaninta?

Na ce, "Ni na sa shi."

Mai jinyar ta matso ta gyara mata robar. Sannan Ouida ta fara tambaya, ɗaya bayan ɗaya, da alama ta daɗe da jera su a kanta.

"Jikinsa a haɗe yake?"

"A haɗe. Nan aka same shi." Na nuna mata ƙasan haƙarƙarina. "Fuskarsa ba abin da ya taɓa ta sai ƙasa. Na wanke masa da ruwan gorata. Ba ya cikin ƙa'idar aiki, Sajan ma sai da ya yi mini faɗa a kan ɓata lokaci."

"Ya sha wahala kafin ya cika?"

"Ban sani ba, Misis. Mu matattu ake kawo mana."

"To, shi ne a akwatin da aka aiko?"

Na ce mata wanda na sa a layi na shida, kabari na goma sha ɗaya, Royce ne, babu shakka. Ƙarfen suna ɗaya na bar masa a wuya, ɗayan na kafa da ƙusa a itacen kabarin da hannuna. Amma waɗanda suka tono a 1948 wasu ne, ni ina nan ina gini.

Ta ce, "Lemuel, ka ce mini shi ne."

Na ce, "Ba zan rantse a kan abin da ban gani ba. Amma aikinmu ba ya rikita kowa. Wanda ya zo tonowa, in dai ya iya karatu, ba zai ɗauko wani ba."

Ta rufe ido. Na ɗauka ta gama, har na dafa gwiwa zan tashi. Sai ta ce uwarsu ta yi shekara goma sha tara bayan an kawo akwatin ba ta taɓa taka kabarin ba, kullum tana cewa ɗanta yana can a yashe a wata gona tsuntsaye na ci. Muryarta ta tashi. Ta ce, "Kana gari ɗaya da ita! Kana wucewa ta ƙofar gidan nan! Me ya hana ka shigowa ka gaya mata?"

Na ce, "Da niyyar zuwa na sauka. Mijinki ne ya tare ni a tasha."

Mai jinyar ta tuna tana da abu a kan wuta, ta fita. Can Ouida ta ce, ba tare da ta dube ni ba, "Ni na wanke rigarsa ranar. Ya ce alade suka yanka." Ta numfasa. "Na san ba alade ba ne. Bayan mako guda na ji kai ne. Ban ce masa komai ba, har ya mutu."

Na ce, "To."

Na ɗan jira ko akwai sauran magana. Babu. Ba ta ce in yafe ba, ni ma ban ce na yafe ba. Ta kira mai jinyar ta kawo mini shayi mai ƙanƙara, na sha rabi. Da zan tafi ta ce in sake faɗin lambar, mai jinyar ta rubuta a bayan ambulan, ta karɓa ta riƙe a hannu.

Na san za ka tambaye ni ko na ji sanyi a raina. Ban ji komai ba sai yunwa. Na dawo na tarar Ardella ta soya tarwaɗa da burodin masara, abin da ba ta yi sai Asabar. Ta bari na ci na ƙoshi, sannan ta ce, "Ta ba ka haƙuri?" Na ce a'a. Ta ce, "Dama." Ta kwashe kwanuka.

An yi ruwa ranar Juma'a, gyaɗa ta fito. Vernell ta ce za a ba ni minti uku in yi magana ranar buɗe dutse. Da gwiwarka za ta yarda da ka zo, akwai ɗaki.

Gaisuwa ga Mozelle da yara.

Naka,
Lemuel.

Osmer, Jojiya,
20 ga Yuni, 1994.

Zuwa ga Kofur Tarver, wanda sunansa ya hau dutse,

Gaisuwa da fatan kuna lafiya. Na ji uzurinka, na kuma karɓa, tafiyar kwana biyu a mota ba ta mai gwiwa irin taka ba ce. Ka yi haƙuri da jinkirin takarda, za ka ga dalili.

An buɗe dutsen. Sunaye sittin da biyar, taurari uku. Naka yana layi na huɗu daga ƙasa, kuma sun rubuta shi daidai, abin da malamarmu ta yi shekara uku tana fama da kai ba ka iya ba. Ga hoto nan na sa a ciki. Dutsen bai kai tsohon tsawo ba, amma ya fi shi kyawun gini, na duba gindinsa.

An yi zafi ranar. 'Yan badujala na makaranta suka busa, magajin gari ya yi minti ashirin da biyar yana cewa dukanmu 'yan gida ɗaya ne. Vernell ta samo jaruminta, wani kanar baƙar fata mai ritaya daga Atlanta, ƙirji cike da lambobi. Mutumin kirki ne. Kafin ya hau dandamali ya zo ya sara mini, ya ce ubansa ma kaya ya sauke daga jiragen ruwa a yaƙinmu, har ya mutu bai taɓa ba shi labarin ba. Ƙanwar Arzell ta zo daga Jacksonville a kan sanda. Ta tsaya gaban dutsen ta bi haruffan da yatsa, ta juyo ta ce mini, "Lemuel, tun takardar da aka aiko wa Mama ban sake ganin sunansa a rubuce ba."

Da aka kira ni ban cika minti ukun ba. Na ce mu ba mu ci gari ba, ba mu kama janar ba. Mun je da shebur, mun binne 'ya'yan mutane, fari da baƙi, har da Jamusawa a ƙarshen gona. Na ce wasu daga cikin masu tauraro a tsohon dutse sun bi ta hannun wasu da ke sabon. Na zauna. Aka ɗan yi jim kafin a tafa. Misis Ouida ba ta zo ba, ban kuma sa ran ganinta ba. Mai jinyar ta gaya wa Ardella a kasuwa cewa ta sa an kai ta maƙabarta a mota ranar Lahadin da ta biyo bayan zuwana, aka sauke gilashi, ta yi kusan awa tana kallon kabarin. Tana nan da ranta har yanzu.

Dalilin jinkirin shi ne, wata babbar jarida ta aiko ɗan jarida ranar, ya buga maganata, wasu jaridun kuma suka kwafa. Tun daga makon da ya biyo baya takardu ke zuwa. Jiya na ƙirga goma sha huɗu. Daga Ohio, daga Kansas, daga garuruwan da ban taɓa jin sunansu ba. Wasu adireshin da suka sa kawai shi ne, "Tsohon sojan da ya binne matattu, Osmer," gidan waya kuma ya kawo. Yawancinsu tsofaffin mata ne, fararen fata, ƙanne da matan da aka bari. Akwai wani mutum mai shekara hamsin da bai taɓa ganin ubansa ba. Duk tambayarsu ɗaya, ko na tuna wane, ya faɗi wata kaza, dogo ne, yana da tabo a haɓa.

Ban tuna ko ɗaya ba, Cleophus. Royce na sani domin ɗan garinmu ne. Sauran ƙarfe ne muka karanta, muka wuce na gaba. Na kwafe sunayen a takarda ta dabam, ga ta nan. Ka duba da kyau ko wani zai faɗo maka. Ka fi mai da hankali kan Wendell Kruse, na farkon Agusta. Ƙanwarsa ta rubuto daga Nebraska shafi huɗu. Ta ce tun tana yarinya ta ga wani hoto a mujalla, katafila na tura gawawwaki cikin rami ɗaya, ta kuma yi shekara hamsin tana ganin yayanta a ciki.

Kowace safiya bayan karin kumallo nakan zauna a tebur in amsa guda biyu, hannuna ba ya iya fin haka. Kusan abu ɗaya nake rubuta wa kowa. Nakan ce ban tuna ɗan'uwanki ba, ba zan yi miki ƙarya ba. Amma idan ta gonarmu ya bi, ga yadda aka yi masa. Kowa da raminsa, an auna da igiya, an haƙa da hannu. An naɗe shi a farin ƙyalle. Mutum huɗu ke sauke shi, biyu a sama, biyu a cikin rami suna karɓa. Komai yawan motoci, komai ruwan sama, ba mu taɓa jefa kowa ba. Sai in rufe da cewa sojoji baƙaƙen fata ne suka yi wannan aikin.

Ardella ta karanta ta farko ta ce in cire layin ƙarshe, tsofaffi ne, kada in dagula musu lissafi. Na bar shi.

Ka gaida Mozelle da 'ya'ya da jikoki. Allah ya bar mu tare.

Abokinka na shebur,
Lemuel Goodwine.